Daga wasa ɗaya cikin dusar ƙanƙara zuwa sulhun biliyoyi: Yadda ƙwallon Amurka ta fara a kwalejin Livingstone

A ranar 6 ga Yunin 2025 wata alƙaliyar kotun tarayya a Kalifoniya, Claudia Wilken, ta amince da wani sulhu da ya sauya tsarin wasannin jami'o'i a Amurka. Hukumar NCAA, wadda ke kula da wasannin manyan makarantu, tare da manyan ƙungiyoyin gasa, sun yarda za su biya tsofaffin 'yan wasa diyyar kusan dala biliyan 2.8 cikin shekara 10. Haka kuma daga kakar 2025 duk jami'ar da ta shiga tsarin tana iya raba wa 'yan wasanta kuɗi duk shekara, har kimanin dala miliyan 20.5 a shekarar farko.

Wanda ya tsinci labarin a sama-sama zai ɗauka duk ɗalibin da ke buga ƙwallo a Amurka ya zama mai albashi ke nan. Abin ba haka yake ba. Sulhun ya tsaya ne a kan makarantun rukuni na ɗaya, kuma ko a cikinsu ƙalilan ne ke da aljihun da zai kai wancan adadi. Akwai ɗaruruwan ƙananan kwalejoji da ke buga wasan nan ba tare da kuɗin talabijin ba, wasunsu fiye da shekara 100 ke nan. Kafin a gane me ya sa suke yi, da kuma yadda sabuwar dokar za ta taɓa su, sai an koma farkon lamarin. Kwalejin Livingstone da ke garin Salisbury a jihar Karolina ta Arewa ta dace da wannan bincike, domin a harabarta aka buga wasan da ake lissafawa a matsayin na farko tsakanin kwalejoji biyu na baƙaƙen fata, a ƙarshen 1892.

Wasan da kalmomin da ke tattare da shi

Ƙwallon Amurka 'yar uwar zari-ruga ce, ba ƙwallon ƙafar da muka sani ba. Ƙwallon mai siffar ƙwai ce, a hannu ake riƙe ta, kowane ɓangare mutum 11 ne. A yau filin yana da tsawon yadi 100, da ƙarin yadi 10 a kowane ƙarshe, wato gidan kowace ƙungiya. Masu riƙe da ƙwallo suna da dama huɗu su matsa gaba da yadi 10. In sun yi, a sabunta musu damar; in sun kasa, ƙwallo ta koma hannun abokan hamayya. Wanda ya shigar da ita gidan abokan hamayya ya yi abin da ake kira tocdaun, maki 6 a dokar yanzu. Ana kuma iya buga ta da ƙafa ta ratsa tsakanin sanduna biyu a sama, a samu maki 3.

Kwaleji a Amurka digiri take bayarwa kamar jami'a, sai dai galibi ƙarama ce. Tun 1973 hukumar NCAA ta raba makarantunta, kimanin 1,100, zuwa rukuni uku. Na ɗaya shi ne na manyan filaye da kuɗin talabijin. Na biyu yana ba da tallafin karatu gutsure-gutsure. Na uku ba ya ba da tallafi saboda wasa ko kaɗan. Livingstone tana rukuni na biyu. Tana kuma cikin makarantu kusan 100 da dokar ilimi ta 1965 ta ware a matsayin kwalejojin baƙaƙen fata na tarihi, wato waɗanda aka kafa kafin 1964 da nufin ilmantar da baƙar fata.

Wasan da aka buga a 1892 ya sha bamban da na yau. Asalinsa karawar da jami'o'in Rutgers da Princeton suka yi ranar 6 ga Nuwamban 1869, mutum 25 a kowane ɓangare, kuma ta fi kama da ƙwallon ƙafa. Harvard ce ta ɗauko salon zari-ruga bayan ta kara da jami'ar McGill ta Kanada a 1874. Sai Walter Camp na Yale ya kawo mutum 11 da layin tashi, wato inda ɓangarorin biyu ke jeruwa kafin kowace dama, a 1880, da dokar ƙirga dama a 1882. A lokacin dama uku ce don cin yadi biyar. Ba a yarda a jefa ƙwallo gaba ba. Babu hular kwano. 'Yan wasa kan tara suma ta zame musu kariya. Mutum 11 ɗin nan su ke kai hari su ke tsaro, ana buga minti 45 sau biyu. A taƙaice, wasa ne na turereniya, tarin mutane suna tunkuɗa juna a kan 'yan yaduddukan ƙasa.

Makarantu biyu da yaƙi ya haifa

Yaƙin basasar Amurka ya ƙare a 1865, bauta ta zama haram, mutum kusan miliyan huɗu suka samu 'yanci, akasarinsu ba su taɓa zama a aji ba. Majami'u suka shiga gina makarantu. A 1867 mabiya cocin Presbiteriya suka kafa wata a garin Charlotte, aka sa mata sunan Manjo Henry Biddle, sojan Arewa da ya mutu a yaƙin, saboda matarsa Mary ta ba da gudummawar dala 1,400. Maza zalla take ɗauka a lokacin. Sai a 1891 ta samu baƙar fata na farko a kujerar shugabanci, Daniel J. Sanders. A 1923 aka sauya mata suna zuwa jami'ar Johnson C. Smith, sunan da take amsawa har yau.

Livingstone kuwa ta baƙaƙen fata ce tun daga tushe. Cocin AME Zion ya kafa ta a garin Concord a 1879, ta yi tangal-tangal, sai wani matashin malamin coci mai suna Joseph Charles Price ya tafi Ingila a 1881 ya yi ta jawabai har ya tara kusan dala 10,000. Da wannan kuɗi da gudummawar mutanen gari aka dasa makarantar a Salisbury a 1882, Price ya zama shugabanta. A 1887 aka sa mata sunan David Livingstone, ɗan mishan ɗin nan da ya ratsa tsakiyar Afirka. Tana ɗaukar maza da mata, tana da sashen koyon sana'a, amma Price ya dage cewa ɗalibansa za su yi cikakken karatun boko, har da Latin da Girkanci, kamar 'ya'yan kowa.

Wannan dagewa tana da nasaba da ƙwallo. A shekarun 1890 ƙwallon Amurka alama ce ta manyan makarantun arewa maso gabas, irin su Yale da Harvard da Princeton, inda 'ya'yan masu hannu da shuni ke karatu. Makarantar da ta iya haɗa ƙungiya ta buga bisa dokokinsu tana nuna wa duniya ita ma kwaleji ce cikakkiya. Wasan ya shigo Karolina ta Arewa a 1888, lokacin da jami'ar jihar ta kara da Wake Forest da kuma Trinity, wadda shugabanta John Franklin Crowell ya taho da wasan daga Yale. Amma duk waɗannan na fararen fata ne, kuma babu wadda za ta shiga fili da baƙi. Shekarar 1892 ita ce mafi muni wajen kisan gilla irin na taron dangi: kundin da makarantar Tuskegee ta tattara ya ƙirga baƙar fata 161 da aka kashe a shekarar. Bayan shekara huɗu, a 1896, Kotun Ƙoli ta halatta wariyar launin fata a shari'ar Plessy. Ɗaliban Biddle da na Livingstone ba su da abokin karawa sai junansu.

Ranar 27 ga Disamban 1892

'Yan Biddle ne suka fara. Sun yi kusan shekara biyu suna nazarin dokokin suna bugawa a tsakaninsu, kafin su aika wa Livingstone ƙalubale. Tsakanin garuruwan biyu bai kai kilomita 70 ba. Livingstone ta amsa, ta haɗa ƙungiyarta a lokacin kaka na 1892, J. W. Walker ya zama kyaftin, William J. Trent ya zama manaja kuma ɗan wasa.

Yadda suka shirya ya nuna wanda ke da wasan a wancan zamani. Ba makaranta ce ta sayi ƙwallon ba. 'Yan wasan ne suka yi karo-karo suka yi odar guda ɗaya. Kayan sawa kuwa ɗalibai mata na sashen koyon sana'a ne suka ɗinka, da yadi mai kauri. Takalman da suke zuwa aji da su suka kafa wa ƙusoshi a ƙasa don kada santsi ya kwashe su. Babu filin wasa, sai ciyawar da ke gaban ginin makaranta aka zana wa layi. Babu koci mai albashi, babu kuɗin talabijin, babu ofishin wasanni.

Ranar ta zo kwana biyu bayan Kirsimeti, ana zuba dusar ƙanƙara. Biddle ta riga cin maki. Daga baya ƙwallo ta suɓuce, Trent ya sure ta ya kai gida. 'Yan Biddle suka ce a wajen layi aka ɗauko ta. Ƙanƙara ta riga ta rufe layin, don haka babu abin da za a nuna da yatsa. Magana ta koma hannun alƙalin wasa, shi kuma ya ba Biddle gaskiya. A haka aka tashi, Livingstone ba ta ci komai ba.

Wannan wasa guda shi ne ɗaukacin kakar 1892 ga makarantun biyu. Haka kakannin farko na ƙananan kwalejoji suke a ko'ina cikin Amurka: wasa ɗaya, biyu, in an yi sa'a huɗu. Wata shekarar a buga, wata a rasa kuɗin jirgin ƙasa ko abokin karawa, wata kuma ɗalibin da ke riƙe da harkar ya kammala karatu, komai ya tsaya cak. Sau da yawa ƙungiyar kwaleji kan kara da makarantar sakandare ko matasan gari don kawai a samu wanda za a buga da shi. Shi ya sa idan makaranta ta ce ta fara ƙwallo a shekara kaza, ba lallai ne hakan ya nuna ba ta taɓa yankewa ba tun daga nan.

Joseph Price bai daɗe ba bayan wasan. Ya rasu a Oktoban 1893 yana da shekara 39. Trent kuwa ya kammala karatu a 1898, ya dawo ya shugabanci Livingstone daga 1925 har 1957. Ɗansa, William Trent ƙarami, shi ne babban daraktan farko na asusun UNCF da aka kafa a 1944 don tallafa wa kwalejojin baƙaƙen fata.

Biyar da babu, ko huɗu da babu?

Yawancin rubuce-rubuce sun ce Biddle ta ci 5 da 0. Wasu sun ce 4 da 0. Bambancin maki ɗaya ne, amma yana nuna yadda tarihin irin waɗannan wasanni ya iso gare mu.

A dokar da ake amfani da ita a 1892, tocdaun maki 4 ne, bugun da ke biye da shi maki 2, bugun ƙafa daga tsakiyar wasa kuma maki 5. Sai a 1898 aka ɗaga tocdaun zuwa 5, a 1912 ya kai 6. Saboda haka idan Biddle tocdaun ta yi ta kuma ɓarar da bugun da ke biye, 4 da 0 ne ya dace da dokar ranar. Kafin a samu 5 da 0, sai dai ko bugun ƙafa suka ci, ko kuma masu ba da labarin daga baya sun lissafa da dokar da suka saba da ita bayan 1898. Ko wanne ne, hukuncin alƙalin yana da nauyi: da an karɓi cin Trent, Livingstone za ta samu 4, da damar bugun da zai kai ta 6, wanda ya fi 4 ya kuma fi 5.

Dalilin wannan saɓani a fili yake. Jaridun fararen fata na Kudu ba su damu da abin da ɗaliban baƙaƙen fata ke yi a harabarsu ba, makarantun kuma ba su da ma'aikacin ajiye alƙaluma. Galibin bayanin ya fito ne daga bakin waɗanda suka buga, da littattafan tunawa na makarantu, bayan shekaru sun ja.

Batun kasancewarsa na farko shi ma yana buƙatar a fayyace shi. Ba shi ne karo na farko da baƙar fata ya buga ƙwallon kwaleji ba. William Henry Lewis ya zama kyaftin ɗin ƙungiyar kwalejin Amherst a 1891, kuma a shekarar 1892 ɗin nan, yana karatun lauya a Harvard, aka zaɓe shi cikin gwanayen ƙasa baki ɗaya. Amma Lewis mutum ɗaya ne a tsakiyar fararen fata, a Arewa. Abin da ya faru a Salisbury daban ne: makarantu biyu na baƙaƙe, a Kudu, sun shirya wa kansu gasa. Daga nan ne abin ya bazu. Jami'o'in baƙaƙen fata na Howard da Lincoln suka fara karawa a 1894, makarantun Alabama da Jojiya suka bi sahu.

Masu so da masu ƙi

Ba kowa ne ya yi maraba da wasan ba, kuma masu adawa ba su rasa hujja ba. A Nuwamban 1892, wata guda kafin wasan Salisbury, Harvard ta fito da wata dabara a karawarta da Yale: 'yan wasa su haɗu su yi siffar tsinin mashi, mai ƙwallo a tsakiya, su taho a guje su afka wa mutum ɗaya. Raunuka suka yi yawa har aka hana dabarar a 1894. Shugaban Harvard, Charles Eliot, ya sha sukar wasan, yana ganin ya fi kama da yaƙi, yana kuma cinye lokacin karatu. Malaman coci suka ƙara da cewa yana jawo caca da shaye-shaye a ranakun wasa. A jihar Karolina ta Arewa kanta, Trinity, wadda ita ce jami'ar Duke ta yau, ta daina ƙwallo a tsakiyar shekarun 1890, ba ta koma ba sai 1920. Wake Forest ma ta ajiye har 1908. A Jojiya, bayan wani ɗan wasa mai suna Richard Von Gammon ya mutu a 1897, majalisar jihar ta zartar da dokar haramta wasan, sai mahaifiyarsa ta rubuta tana roƙon kada a yi, gwamna ya ƙi sa hannu.

Masu goyon baya suna ganin wasan yana koyar da juriya, da biyayya, da aiki tare, yana kuma ɗaure ɗalibi da makarantarsa har bayan ya fita. A kwalejojin baƙaƙen fata hujjar ta ƙara nauyi. A ƙasar da ake rubutawa a littattafai cewa baƙar fata ba shi da ƙwaƙwalwar tsara abu, ƙungiyar da ta haddace dokoki ta tsara dabarunta amsa ce a aikace. Sai dai a gefe guda, makarantar da ke rayuwa da sadakar coci da gudummawar masu hali, kowace dala da ta tafi kan ƙwallo an cire ta ne daga littattafai ko albashin malami. Wannan muhawara ba ta mutu ba har yau, lissafin ne kawai ya ƙaru.

Rikicin ya kai ƙololuwa a 1905, shekarar da jaridu suka ƙirga mutuwar 'yan wasa kusan 18. A watan Oktoba Shugaba Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton fadar gwamnati. A Nuwamba Harold Moore na ƙaramar kwalejin Union ya mutu a wasa da jami'ar New York, shugaban jami'ar, Henry MacCracken, ya kira taro, makarantu 62 suka hallara a ƙarshen Disamba. Daga nan aka kafa hukumar da ta zama NCAA a 1910. Dokokin 1906 suka halatta jefa ƙwallo gaba, suka mayar da tazarar da za a ci yadi 10, don a warwatsa cunkoson da ke karya mutane. Columbia ta daina wasan na shekara 10, Stanford da jami'ar Kalifoniya suka koma zari-ruga.

Gyaran ya ceci rayuka, ya kuma sauya mai mallakar wasan. Abin da ɗalibai suka fara da karo-karo ya koma hannun hukumomin makaranta, da koci mai albashi, da kuɗin ƙofa. Hukumar ta kafa ƙa'idar cewa ɗan wasa ɗalibi ne mai yi don sha'awa, ba a biyansa. Wannan ƙa'ida ce kotuna suka yi ta warwarewa bayan fiye da ƙarni guda: Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a kan NCAA a Yunin 2021, daga 1 ga Yulin shekarar aka bar 'yan wasa su ci kuɗin talla da sunansu da hotonsu, sai sulhun 2025 ya buɗe ƙofar biya kai tsaye.

Zamanin wariya da abin da ya biyo baya

A 1912 kwalejojin baƙaƙe na gabas suka kafa ƙungiyar gasarsu, CIAA, wadda Livingstone da Johnson C. Smith ke ciki a yau. Ta kudu maso gabas, SIAC, ta zo a 1913, ta kudu maso yamma, SWAC, a 1920. Wajen shekara 50 duk wani haziƙin baƙar fata a Kudu ba shi da inda zai buga sai waɗannan makarantu, ranar wasa kuma ta zama ranar taron dangi, da baduja, da tsofaffin ɗalibai da ke dawowa gida. Eddie Robinson ya ci wasa 408 a matsayin kocin jami'ar Grambling. Cikin manyan taurarin wasan, Walter Payton daga Jackson State ya fito, Jerry Rice daga Mississippi Valley State, Doug Williams daga Grambling. Livingstone kanta ta fitar da Ben Coates, wanda ƙungiyar ƙwararru ta New England Patriots ta ɗauka a 1991 ya zama ɗaya daga cikin gwanayen zamaninsa.

Da wariya ta faɗi a shekarun 1960 da 1970, manyan jami'o'in Kudu suka buɗe ƙofa, gwanaye suka kwarara can inda kuɗi da kyamara suke. Nasara ce ga 'yancin ɗan wasa, asara ce ga makarantun da suka raine shi lokacin da babu mai so. A zaɓen 'yan wasa na gasar ƙwararru ta NFL a 2021, ba a ɗauki ko mutum ɗaya daga kwalejojin baƙaƙen fata ba. Tun 2009 Livingstone da Johnson C. Smith suke kiran karawarsu ta shekara-shekara wasan tunawa da 1892.

Me sabuwar dokar za ta yi wa ƙananan?

Kai tsaye, babu komai: ɗan wasan Livingstone ba ya cikin waɗanda za a raba wa miliyoyin. A fakaice kuwa akwai tasiri. Tun 2018 da aka buɗe rajistar sauya makaranta, aka kuma sassauta dokar gaba ɗaya a 2024, ɗan wasan da ya yi fice a ƙaramar kwaleji yana iya tashi a ƙarshen kaka ya koma inda ake biya. Ƙaramar makaranta ta zama kamar gonar da ake shuka iri a dasa a wani wuri. Ga ɗan wasan wannan ci gaba ne, domin a da sai ya zauna shekara guda ba ya bugawa. Ga koci da 'yan kallo, kowace shekara sabon gini ne.

Akwai wani gefe kuma. Sulhun ya ƙayyade cewa manyan ƙungiyoyi kada su wuce 'yan wasa 105, alhali da yawa suna riƙe da fiye da haka. Waɗanda suka rasa gurbi a sama dole su gangaro, ƙananan kwalejoji su samu.

To me ya sa makarantar da ɗalibanta ba su wuce dubu ɗaya da 'yan kai ba take riƙe da wasa mai tsada haka? Amsar tana cikin lissafin kuɗin makaranta. A rukuni na biyu, iyakar tallafin da ƙungiyar ƙwallo za ta bayar shi ne kwatankwacin cikakken tallafi 36, ƙungiyar kuma kan kai mutum 100 ko fiye. Ana yayyanka tallafin, ragowar kuɗin ɗalibi ne ke biya, ko da bashi ko da tallafin gwamnati. Ƙwallo ke nan ta zama hanyar jawo ɗalibai maza, waɗanda su ne suka fi wahalar samu, ga 'yan baduja da ke biyo bayansu. Masu suka na cewa idan aka cire kuɗin inshora da tafiye-tafiye da albashin koci-koci ribar ba ta taka kara ta karya ba, sannan ana ɗora wa yaran talakawa bashi da mafarkin da ƙasa da biyu cikin 100 ne ke cimma shi, wato shiga NFL. Sun kuma ƙara da batun lafiya, tun bayan da Dokta Bennet Omalu, likita ɗan asalin Najeriya, ya wallafa bincikensa a 2005 kan cutar ƙwaƙwalwa da yawan buguwar kai ke haddasawa. Inda kuɗi ya ƙare, ƙwallo kan zama abu na farko da ake ajiyewa: kwalejin Saint Paul's ta Bajiniya ta soke wasanni a 2011 ta rufe a 2013, jami'ar Saint Augustine's ta Raleigh kuma ta dakatar da ƙwallo a 2024.

Inda abin ya taɓo ɗan Afirka ta Yamma

Alaƙar Livingstone da yankinmu ta girmi gasar ƙwararru ta NFL. James Kwegyir Aggrey, haifaffen Anomabu a Gana ta yau, ya isa makarantar a 1898, ya kammala a 1902, ya koyar a can kusan shekara 20 kafin ya dawo ya zama mataimakin shugaban kwalejin Achimota ta Gana. A Salisbury aka binne shi a 1927. Nnamdi Azikiwe da Kwame Nkrumah kuma a Lincoln suka yi karatu, makarantar da Joseph Price ya fito.

A fagen wasan kansa, Christian Okoye ɗan Enugu ya je ƙaramar jami'ar Azusa Pacific a 1982 a matsayin mai jifan faifai, ya fara ƙwallon Amurka a 1984, ƙungiyar Kansas City Chiefs ta ɗauke shi a 1987, a 1989 kuma ya fi kowa gudu da ƙwallo a NFL da yadi 1,480. Yanzu NFL da kanta take neman matasa a nahiyar. Ta yi sansaninta na farko a Gana a 2022, kuma nau'in wasan da ba a kayar da mutum, sai dai a fizge ƙyallen da ke ƙugunsa, zai shiga gasar Olamfik ta Los Angeles a 2028.

Matashin da aka yi wa tayin gurbi a wata kwaleji, da iyayensa, suna da abubuwan da ya kamata su tantance kafin a sayar da gona ko a ci bashi. Na farko rukunin makarantar, domin na uku ba ya ba da tallafin wasa, na biyu kuma kaso yake bayarwa, don haka a nemi a ga a rubuce nawa za a ɗauke, nawa ya rage, har da kuɗin kwana da abinci da inshorar lafiya. Tallafin rukuni na biyu shekara-shekara ake sabunta shi. Sai cibiyar tantance cancanta ta NCAA ta duba takardun sakandare kafin a bar ɗalibi ya buga a rukuni na ɗaya ko na biyu. Sannan bizar karatu ta F-1 ta taƙaita aikin kuɗin da baƙon ɗalibi zai yi a cikin Amurka, saboda haka kuɗin talla da abokin wasansa ɗan ƙasa ke karɓa ba tare da fargaba ba, shi yana iya jefa zamansa cikin haɗari in ya karɓa ba tare da izinin ofishin ɗaliban ƙasashen waje na makarantarsa ba.